Ƙarin Girman da Ya Maƙale Bayan Ritaya: Yadda Za Ka Bi Kokenka Har a Ba Ka Amsa

Ma'aikacin gwamnatin tarayya a Najeriya yana ajiye aiki idan ya cika shekara 60 da haihuwa ko shekara 35 a bakin aiki, duk wadda ta riga zuwa. Ranar ba ta duba ko akwai sauran haƙƙinsa a kan teburin wani darakta. Shi ya sa za ka ga dattijo ya fita a mataki na 14 alhali ya ci jarrabawar hawa na 15, ko wasiƙar ƙarin girmansa ta fito amma albashi bai taɓa nuna ta ba har ya tafi. Ya rubuta koke, an karɓa, daga nan sai shiru. Duk zuwan da zai yi amsar ɗaya ce: "Baba, ana kan duba fayil ɗinka, a dawo wani makon."

Ko kai ne mai haƙƙin, ko ɗa ne ko 'ya da ke bi wa mahaifi ko mahaifiya, ka riƙe wannan tun daga farko: shirun nan kai yake ci, ba ma'aikatar ba. Doka ta sa wa'adi a kusan kowace ƙofa da za ka ƙwanƙwasa, kuma wa'adin yana tafiya yayin da kake haƙuri. Aikinka shi ne ka sa a ba ka amsa a rubuce, ko an amince ko an ƙi, kafin ƙofofin su rufe. Ƙin amincewa a rubuce ya fi maka shiru amfani nesa ba kusa ba, domin da shi ake zuwa gaba.

Fara da sanin irin matsalar da kake ciki

Ba duk koken ƙarin girma ne ƙarfinsu ɗaya ba, kuma gara ka faɗa wa kanka gaskiya kafin ka kashe kuɗin mota zuwa Abuja.

Mafi ƙarfi shi ne wanda aka amince da ƙarin girmansa, wasiƙa ta fito da sunansa da ranar da zai fara aiki, amma ba a saka shi a albashi ba. Wannan ba roƙo yake yi ba, bashi yake bi. Mai bi masa shi ne wanda ya zauna jarrabawa yana cikin aiki, sakamako ya fito bayan ya yi ritaya, kuma ranar da aka ce ƙarin girman ya fara ta riga ranar ritayarsa. A aikin tarayya ƙarin girma yakan fara ne daga 1 ga Janairu na shekarar da aka yi shi dominta, don haka wanda ya fita a watan Satumba, sakamako ya fito a Disamba, yana da magana mai ƙwari.

Sai wanda ya cika shekarun da ake bukata amma ba a gayyace shi jarrabawa ba, ko aka tsallake shi aka ɗaga na ƙasa da shi. Dokokin aikin gwamnati sun sa mafi ƙarancin zama a kan mataki: shekara 2 ga mataki na 06 zuwa ƙasa, shekara 3 ga 07 zuwa 14, shekara 4 ga 15 zuwa 17. To amma cika shekarun nan cancantar a duba ka kawai yake ba ka. Kotunan Najeriya sun sha nanata cewa ƙarin girma ba haƙƙi ba ne da ma'aikaci zai tilasta a ba shi, sai da gurbi da cin jarrabawa da kyakkyawan rahoton aiki. Mai irin wannan koke ba zai ci nasara da cewa "na daɗe a kan matakin nan" ba. Sai ya nuna an karya wata ƙa'ida takamaimai: an cire sunansa daga jerin waɗanda suka cancanta ba tare da dalili ba, ko an dogara da tuhumar da aka riga aka wanke shi daga ita, ko an ce babu gurbi sannan aka ba wanda makinsa bai kai nasa ba.

Takardu kafin komai

Ka nemi jaka ɗaya ka tara: wasiƙar ɗaukarka aiki, ta tabbatar da kai, duk wasiƙun ƙarin girma na baya, gazet idan akwai, kundin tarihin aikinka da sashen ma'aikata ke ajiyewa, takardar gayyatar jarrabawa, jerin sunayen waɗanda suka ci, fom ɗin APER (rahoton tantance aikinka na shekara-shekara) na shekarun ƙarshe, takardun albashi na watannin da ake magana a kansu, da wasiƙar amincewa da ritayarka. Ka haɗa da kwafin duk koken da ka taɓa rubutawa, ko da na hannu ne.

Asali ba ya barin hannunka. Duk wanda ya ce ka kawo asali ya gani, ka nuna masa, ka karɓe a nan take, ka ba shi kwafi. Ka sa yaro ya ɗauki hoton kowace takarda da waya a ajiye a wuri biyu. Sannan ka zauna ka rubuta tarihin maganar a shafi ɗaya, layi-layi da kwanan wata: ranar hawa matakin ƙarshe, ranar jarrabawa, ranar sakamako, ranar ritaya, ranar koke na farko. Wannan shafin shi zai taimaki duk wanda za ka je wurinsa, daga akawu har lauya.

Wa ke da ikon yanke hukuncin?

Koke da yawa suna mutuwa ne saboda an kai su inda ba a da ikon cewa komai. Ofishin da ba shi da iko ba kasafai yake rubuto maka cewa ba hurumina ba ne, ajiyewa kawai yake yi.

A aikin tarayya, ɗauka da ƙarin girma da ladabtarwa suna hannun Hukumar Kula da Ma'aikatan Gwamnatin Tarayya, wadda sashe na 153 na Kundin Tsarin Mulkin 1999 ya kafa. Ta miƙa wa ma'aikatu ikon ƙananan matakai da matsakaita ta hanyar kwamitocin ƙananan ma'aikata da na manyan ma'aikata, ita kuma ta riƙe na matakin daraktoci. Idan kana cikin jami'an da ake juyawa tsakanin ma'aikatu, kamar jami'an mulki, Ofishin Shugaban Ma'aikata na Tarayya yana da hannu a fayil ɗinka. Hukumomin gwamnati masu zaman kansu da jami'o'i da asibitocin koyarwa suna da majalisar gudanarwarsu. Ɗan sanda, Hukumar Kula da Aikin 'Yan Sanda ce tasa. Jami'an shige da fice, gidajen gyaran hali, kashe gobara da sibil difens suna ƙarƙashin hukumar gudanarwa guda ɗaya, kwastam kuma tasu daban. A jiha akwai hukumar kula da ma'aikatan jiha, da ta ma'aikatan ƙananan hukumomi. Soja hanyarsa dabam ce: Dokar Sojoji a sashe na 178 ta tsara yadda hafsa zai kai kuka ta hannun kwamandansa zuwa sama, kuma kotu takan tambaya ko an bi wannan hanyar kafin ta saurara.

Ka aika koken da sunan shugaban hukumar da ke da ikon, ta hannun babban sakatare ko shugaban inda ka yi aiki na ƙarshe, sannan ka kai kwafi kai tsaye ga hukumar. Kwafin nan shi ne maganin ranar da za a ce ma'aikata ba ta turo ba.

Rubuta koken

A nan nake ganin mutanen kirki suna cutar da kansu. Ɓacin rai na shekaru yakan sa mutum ya cika shafi shida da labarin hidimar da ya yi wa ƙasa da sunayen waɗanda suka zalunce shi. Ɓacin ran gaskiya ne, amma jami'in da zai karanta yana neman abu uku ne: me ya faru, wace ƙa'ida aka saɓa, me kake so a yi. Dokokin aikin gwamnati ma sun ce koke ya ƙare da bayanin abin da ake nema a taƙaice, sun ba da damar watsi da koken da ke ɗauke da zagi ko wanda ba sa hannu, da wanda ya maimaita na baya ba tare da sabon abu ba. Haka kuma koken da aka kawo bayan wata shida da yanke hukuncin da ake kuka da shi sai an bayyana dalilin jinkirin. Idan naka ya wuce haka, kada ka yi shiru a kan batun, ka faɗi dalili a sakin layi ɗaya, ka haɗa shaida, kamar takardar asibiti ko kwanan watan da sakamakon ya iso gare ka.

Shafi biyu sun isa. A sama cikakken suna, lambar fayil, lambar IPPIS (tsarin biyan albashi na gwamnatin tarayya), matakin da ka yi ritaya a kai, adireshi da lambar wayar da ke aiki. A tsakiya tarihin nan na kwanan wata, kowace magana da lambar takardar da ke tabbatar da ita. A ƙarshe bukata, ƙarara. Ga irin ma'anar da ya kamata ta fito, ko da da Turanci za a buga:

"Ina roƙon hukuma ta tabbatar da ƙarin girmana zuwa mataki na 15 daga ranar da sakamakon ya nuna, ta gyara wasiƙar ritayata ta ɗauki wannan matakin, ta ba da umarnin biyan bambancin albashi daga wannan ranar zuwa ranar ritayata, kuma ta sanar da hukumar fansho. Idan hukuma ba ta amince ba, ina roƙon a sanar da ni dalili a rubuce cikin kwana 30."

Ka lura da abu ɗaya a wasiƙun ƙarin girma: wani lokaci ana rubuta rana biyu, ranar da girman ya fara a lissafin matsayi, da ranar da kuɗi ya fara. Idan ranar kuɗin ta faɗo bayan ritayarka, za a iya ba ka girman a takarda ba tare da ko kwabo ba. Ka nemi a fayyace dukkan ranakun biyu, kuma ka tambayi yadda za su shafi fanshonka.

A rajista

Zuwa da kai ya fi aike. Ka je da kwafi uku, ka miƙa a rajista, wato ofishin karɓar wasiƙu da ajiye fayil, ka tsaya har akawu ya buga tambarin karɓa a kan naka kwafin, ya rubuta kwanan wata, ya sa hannu. Ka duba tambarin kafin ka juya: sau da yawa tawada ta bushe, sunan ofishin bai fito ba, ko an manta kwanan wata. Ka ce cikin ladabi, "Malam, don Allah a ƙara bugawa, kwanan watan bai fito ba." Minti ɗaya ne, amma wannan tambarin shi ne shaidarka bayan shekara biyu. In ba za ka iya zuwa ba, ka aika ta kamfanin kai saƙo mai ba da rasit da shaidar isarwa, ka ajiye su.

Kowace rajista tana da littafin shige da ficen fayil. A nan ake rubuta ranar da fayil ya fita da teburin da ya tafi. Don haka ka daina tambayar "ina maganata ta kwana?", domin amsarta a shirye take. Ka tambayi: fayil ɗin yana ofishin wa yanzu, tun yaushe, me aka rubuta a kai? In aka ce an ajiye shi sai an waiwaya, ka tambayi me ake jira. Sau da yawa abin da ya tsayar da shi ƙarami ne, fom ɗin APER na shekara ɗaya ya ɓata, ko kwamiti bai zauna ba. In aka ce fayil ya ɓata gaba ɗaya, ka rubuta a buɗe na wucin gadi, ka ba da kwafin takardunka a gina shi da su. Ka riƙe ƙaramin littafi kana rubuta ranar zuwa, ofishin da ka shiga da abin da aka ce maka.

Za a iya raɗa maka cewa sai ka ba da na goro fayil zai motsa. Ban ba ka shawarar haka ba. Laifi ne a doka ga mai bayarwa da mai karɓa, kuma wanda ya karɓa sau ɗaya ya samu dalilin riƙe fayil ɗin a karo na biyu. Abin da ya halatta kuma yake aiki shi ne ka shigar da ƙungiyarka, ta ma'aikata da ka bari ko Ƙungiyar 'Yan Fansho ta Najeriya, musamman idan ku da yawa ne abin ya shafa. Wasiƙa ɗaya mai sunaye ashirin ta fi wasiƙu ashirin nauyi.

Idan wa'adin da ka ba su ya cika shiru

Ka aika tunatarwa gajera, ka ambaci ranar koken farko, ka haɗa kwafinsa mai tambari. Ɗaya ko biyu sun isa, kada ka shekara kana tunatarwa. Ka kai kwafi teburin SERVICOM na ma'aikatar, wanda aka kafa tsarinsa tun 2004 don karɓar kukan jinkirin hidima.

Daga nan akwai makamin da 'yan fansho ba su cika amfani da shi ba, wato Dokar 'Yancin Samun Bayanai ta 2011. A ƙarƙashinta kana iya rubuta wa hukuma ka nemi kwafin takardun da suka shafe ka: makin da ka ci, shawarar da kwamiti ya yanke a kanka, dalilin da aka rubuta na tsallake ka. Doka ta ba su kwana 7 su amsa, da damar ƙara wasu 7 a wasu yanayi, kuma in sun ƙi kana da kwana 30 ka kai maganar kotu. Ka taƙaita bukatar a kan abin da ya shafe ka kai kaɗai, domin bayanan wasu ma'aikata suna da kariya.

Sai Hukumar Karɓar Koke-koken Jama'a, wadda aka kafa a 1975, tana da ofis a kowace jiha kuma ba a biyan kuɗi. Jinkirin ofis na cikin ainihin abin da aka kafa ta dominsa, tana iya rubuta wa ma'aikata ta nemi bayani da takardu. Amma ka san iyakokinta. Ba ta karɓar koken da ya wuce wata 12 da faruwar abin, ba ta shiga maganar da ke gaban kotu ko majalisa, tana so ka fara bin hanyoyin cikin gida, kuma dokarta ta hana ta taɓa abin da aka yi wa soja ko ɗan sanda a ƙarƙashin dokokin aikinsu. Abin da take bayarwa shawara ce, ba hukunci mai tilastawa ba. Kwamitin koke-koken jama'a na Majalisar Dattawa ko ta Wakilai ma hanya ce, ta hannun ɗan majalisar mazaɓarka. Kada dai ka kai duka biyun a lokaci guda, ɗaya zai rufe maka ɗaya.

Kotu da wa'adinta

Wannan ne wurin da haƙuri ya fi yi wa mutane illa, don haka ka karanta shi da kyau. Shari'ar aiki da albashi da fansho tana gaban Kotun Ma'aikata ta Ƙasa, bisa sashe na 254C da gyaran kundin tsarin mulki na 2010 ya kawo. Tana zama a Abuja, Kano, Kaduna, Sakkwato, Bauchi, Jos, Yola da wasu biranen, kuma tana da cibiyar sasanci ga masu son a daidaita ba tare da doguwar shari'a ba.

Akwai tsohuwar doka mai suna Dokar Kare Jami'an Gwamnati, wadda ta ce ƙarar da ake kai jami'i ko hukuma kan aikin ofis a shigar da ita cikin wata 3 da faruwar abin. A 2019 Kotun Ƙoli ta yanke cewa dokar ba ta shafi yarjejeniyar aiki ba, amma bayan haka an samu hukunce-hukuncen da suka yi amfani da ita suka kori ƙarar ma'aikata. Lauyan gwamnati kuwa da ita yake fara kare kansa. Ban da ita akwai dokokin ƙayyade lokaci na jihohi, shekara 5 ko 6 ga maganar yarjejeniya. Abin da ya fi muhimmanci: kotuna sun sha cewa rubuta koke da zaman sasantawa ba sa tsayar da lissafin wa'adi. Wato shekarun da ka yi kana zarya rajista ba lallai a cire maka su ba. Ana iya kafa hujja da cewa rashin biyan albashi ko fansho cuta ce mai ci gaba, kuma wasu alƙalai sun karɓi wannan, amma ba abin da za ka jingina da shi ba ne kana zaune.

Shawarata ita ce ka ga lauyan da ya san shari'ar ma'aikata a makon da ka miƙa koke, ba bayan ka gaji ba. Ganin lauya ba shigar da ƙara ba ne. Ka kai masa shafin nan na kwanan wata ya faɗa maka ranar da kowane wa'adi zai cika. Zai kuma duba ko dokar da ta kafa hukumar tana bukatar a ba ta sanarwa kafin ƙara, domin da yawa suna bukata, kuma rashin bayarwa yana iya rushe shari'a tun ba a shiga cikinta ba. In ba ka da hali, ka tuntuɓi lauyan ƙungiyarku ko ofishin Hukumar Ba da Tallafin Shari'a da ke jiharka su faɗa maka ko maganarka ta shiga huruminsu.

Abin da za ka roƙi kotu ya danganta da irin matsalarka. Mai wasiƙa a hannu yana neman a tabbatar da matsayinsa a biya shi. Wanda aka yi wa shiru yana iya neman kotu ta umarci hukuma ta yi aikin da doka ta ɗora mata, wato ta duba kokensa ta yanke hukunci. Irin wannan umarni yana bukatar shaidar cewa ka nema a rubuce kuma ba a yi ba, kuma a nan ne kwafi mai tambari da tunatarwarka suke zama hujja. Da wuya kotu ta ɗaga mutum zuwa matakin da hukuma ba ta taɓa amincewa da shi ba, kada wani ya yi maka alƙawarin haka.

Bayan an amince

Wasiƙar amincewa ba ita ce kuɗi ba. Ka kai ta sashen ma'aikata a gyara kundin tarihin aikinka da wasiƙar ritaya, sannan sashen kuɗi ya lissafa ariyas, wato bashin bambancin albashin da kake bi, masu binciken kuɗi su duba, a tura Ofishin Akanta Janar. Ka nemi kwafin lissafin ka duba shi wata-wata da kanka.

Fansho kuma ya danganta da tsarin da kake ciki. Wanda ke tsohon tsari, da hukumar PTAD mai kula da 'yan tsohon tsarin fansho ke biya a tarayya, ana lissafa fanshonsa da garatutinsa ne a kan albashin ƙarshe, don haka mataki ɗaya yana canza abin da zai riƙa karɓa har ƙarshen rayuwa, sai ya nemi a sake lissafi. Wanda ke tsarin adashen fansho da ya fara a 2004, bambancin yana cikin kason da ake zubawa a asusunsa, wanda dokar 2014 ta sa kashi 8 daga ma'aikaci da kashi 10 daga gwamnati. Ya tabbatar an tura kason ariyas ɗin zuwa kamfanin fanshonsa, ya nemi bayanin asusu ya gani da idonsa. Idan ƙarin girman da ake jayayya a kai ya faɗo kafin ƙarshen Yunin 2004, ya shafi haƙƙin shekarun baya da yake bin gwamnati bashi, sai a kai gyaran PenCom, hukumar kula da fansho ta ƙasa, ta hannun kamfanin fanshon. Tsohon soja Hukumar Fanshon Sojoji zai nufa. Ma'aikacin jiha ya fara tambayar wane tsari jiharsa ke bi, domin ba ɗaya suke ba.

Ka sanar da mutum ɗaya a gidanka inda jakar takardun take da inda maganar ta tsaya, ka kuma duba cewa sunan magajin da ke fayil ɗinka da na kamfanin fansho daidai yake. Idan rai ya yi halinsa kafin a biya, kuɗin da aka riga aka amince da su haƙƙin magada ne, kuma za a nemi su kawo takardar shaidar rasuwa da takardar izinin kula da dukiyar mamaci daga sashen gado na babbar kotu kafin a sake su.